Madubin Dila

Ga ta nan, ga ta nanku, ku gyara zama.

Ta zo mu ji ta, kunnuwanmu a buɗe suke.

Wasu garuruwa ne guda biyu, kogi ya ratsa tsakaninsu, ɗaya a gabas, ɗaya a yamma. 'Yan gabas manoma ne, ga su da awaki kamar ƙasa. 'Yan yamma kuwa maƙera ne da masunta. Kasuwarsu ɗaya, a bakin mashigi take ci. Suna auren juna, suna zuwa sunan juna, in an yi rasuwa a wannan gari sai wancan ya ƙetaro gaisuwa. Har wasa ke tsakaninsu. 'Yan gabas su ce da su masu ƙarnin kifi, su kuma su ce da 'yan gabas masu warin bunsuru, a yi dariya a watse.

To, akwai wata mata ana ce da ita Goshi. 'Yar yamma ce, aure ya kawo ta gabas, gidan wani manomi mai suna Nomau, har sun haifi 'ya'ya biyu. Iyayenta sun rasu tun tana ƙarama. Yayanta Jatau, maƙeri, shi ya riƙe ta, shi ya aurar da ita. Duk ranar kasuwa sai ta dama fura ta kai masa, shi kuma ya ƙunso mata busasshen kifi.

Ana nan, ana nan, sai ga Dila ya shigo garin gabas. Ya ɗauko wani abu mai faɗi a ka, an naɗe shi da buzu, ga kalangu rataye a kafaɗa. Hankaka na biye da shi. Sai ya zarce wurin mai gari, ya faɗi ya yi gaisuwa.

Ya ce, "Ranka ya daɗe, baƙo ne ni. Labarin duniya nake kawowa."

Mai gari ya ce, "Labari ai fatake na kawo mana."

Dila ya ce, "Fatake da baki suke kawowa, ranka ya daɗe, baki kuwa ya iya ƙari, ya iya ragi. Ni da ido nake kawo nawa. Gani ya kori ji."

Sai ya kwance buzun. Sai ga madubi, faɗinsa ya kai ƙyauren ɗaki. A wuyan Hankaka kuma akwai wani ɗan ƙarami kamar laya. Hankaka ya tashi ya zaga duniya, duk abin da ɗan ƙaramin ya kalla sai ya haɗiye. In ya dawo, Dila ya goga shi a jikin babban, sai abin ya fito, mutane na motsi, dabbobi na tafiya, kamar ka miƙa hannu ka taɓa. Abu ɗaya ne kawai, madubin ba ya magana. Dila ke yi masa baki.

Sai aka jingine shi a gindin ceɗiyar ƙofar mai gari. Kullum da la'asar gari ya taru. Dila ya nuna musu teku, ruwa ba iyaka. Ya nuna musu raƙuma a jere cikin rairayi. Ya nuna musu wani birni mai gida kan gida. Mutane suka riƙe baki. Goshi ma ba a bar ta a baya ba, da wuri take sauke tukunya don ta samu wuri a gaba.

Rannan sai ya nuna musu kansu. Ga gonakinsu kore shar, ga mazansu a duƙe suna noma, ga awakinsu na dawowa kiwo. Dila ya taɓa kalangu a hankali, ya ce, "Ku dubi mutanen kirki. Ku ke ciyar da duniya. Duk wanda bai riƙe fartanya ba, guminku yake ci." Kowa ya ji kansa ya yi girma. Nomau ya koma gida yana ta murmushi. Nan Dila ya koya musu wata 'yar waƙa, aka riƙa buɗe kallo da ita:

Ido ba ya ƙarya,
Madubi ba ya gulma,
Wanda ya gani ya tsira,
Wanda ya musa, nasu ne.

Yara suka ɗauka, mata suka riƙa yin ta a bakin turmi. Ba wanda ya tambaya su wane ne "su".

Sai wata la'asar Dila ya zo fuska a murtuke. Ya ce, "Yau da na so in rufe madubin nan. Amma amana ce, ba zan ɓoye muku ba." Ya goga ɗan ƙaramin. Sai ga maƙera ta fito, wuta na ci. Sai ga Jatau, gumi na zuba, yana wasa lauje a dutse. A gefensa lauzuna ne tuli guda, suna ƙyalli.

Goshi ta yi farin ciki, ta ce, "La! Ga Yaya!"

Kalangu ya sauya murya, ya koma ƙasa-ƙasa, kamar bugun zuciya. Dila ya ce, "Ku duba da kyau. Shinkafa ta nuna ne?"

Aka ce, "A'a, ko fure ba ta yi ba."

"To me za a yanka da lauje tuli guda, alhali shinkafa ba ta nuna ba? Ni dai ban ce komai ba. Ido ne ya gani."

Goshi ta ce, "Ai haka Yaya yake yi duk shekara, tun da damina yake tara su kafin kaka." Amma muryarta ba ta fita sosai ba. Matar da ke kusa da ita ta janye ɗanta, ta matsa gefe.

Da ranar kasuwa ta zo, 'yan gabas suka ce bari su ɗan dakata su gani. Goshi ta dama fura, Nomau ya ce, "Ajiye ta. Ba inda za ki." Washegari aka ji labari ai 'yan yamma ma ba su zo kasuwar ba. Dila ya ce, "Kun ji ko? Ruwa ba ya tsami banza."

Sai aka kwana biyu. Sai Dila ya sake zuwa fuska a murtuke. Ya goga ɗan ƙaramin. Sai ga samarin yamma cikin daji, suna gudu da sanduna da karnuka, bakinsu a buɗe suna ihun da ba a ji. Abin da suke bi bai fito ba, yana can bayan gefen madubi. Kalangu ya ƙara sauri.

Dila ya ce, "Masunta da gudu a tudu? Kifi ya fara hawa tudu ne? Wa suke koyon kora?"

Wata tsohuwa ta fashe da kuka. Wani dattijo ya ce, "Anya ba farauta ba ce?"

Dila bai ko dube shi ba, sai ya ɗaga kalangu, taro ya amsa: "Wanda ya musa, nasu ne!" Dattijo ya sunkuyar da kai.

Mai gari ya ce, "Malam Dila, mene ne abin yi?"

Dila ya ce, "A tare mashigi da ƙaya, ranka ya daɗe. Kuma ina da wata aminiya da ba ta san tsoro ba, ita za ta yi muku gadi. Akuya ɗaya kullum ta ishe ta."

"Wace ce?"

"Kura."

Mutane suka dubi juna. Dila ya ce, "Kurar da kuka sani ai ta fi maƙwabcin da ba ku san cikinsa ba." Sai aka sari ƙaya aka tare mashigi. Sai Kura ta tare a bakin gari, kullum ana jan akuya ana kai mata.

Tun daga ranar gari ya canza. Ba a nisa da gida. Mata ba sa zuwa wanki sai da rakiya. In ganye ya motsa sai a zabura. Aka daina ce musu 'yan yamma, sai dai "masu lauje". Goshi kuwa in ta fito, hira ta mutu. Yaran unguwa suka daina wasa da 'ya'yanta. Abin da ya fi ci mata rai, ita kanta in ta rufe ido sai ta ga Jatau yana wasa lauje, fuskarsa kamar ba wadda ta sani ba. Ta tuna yadda yake goya ta tana ƙarama, sai kuma ta tuna ƙyallin ƙarfen nan.

Sai aka sake kwana biyu. Sai Dila ya zo karo na uku, yana share ido kamar mai kuka. Ya ce, "A kawar da yara." Ba wanda ya kawar da nasa. Ya goga ɗan ƙaramin. Sai ga mazan yamma sun taru suna haƙa rami. Rami mai zurfi, ana ta fito da jar ƙasa a kwanduna. Ga Jatau a bakin ramin, yana nuni da hannu.

Wannan karon Dila bai yi tambaya ba. Kalangu kawai ya riƙa bugawa, ɗaya, ɗaya, ɗaya. Mutane da kansu suka ba kansu amsa. Wani ya ce, "Kabarinmu ne!" Sai wuri ya kaure da salati da koke-koke. Maza suka ruga gida, kowa ya sauko da bakan kakansa daga rufin ɗaki.

Goshi ta koma gida. Ta dubi 'ya'yanta suna cin tuwo, ba su san abin da ake ciki ba. Ta ce a ranta, "Yaya ne ya rene ni. In na durƙusa masa, ko kowa zai yanka, zai bar mini waɗannan biyun."

Da gari ya waye, hantsi ya yi, Nomau ya tafi wurin masu gyaran baka. Kura kuwa ta ƙoshi da akuya tana ta minshari a inuwa. Sai Goshi ta zagaya ta sama da mashigi, inda ba ƙaya, ta shiga ruwa. Ruwa ya kai mata ƙirji. Ƙafarta na zamewa, tana kama ciyawa, har ta haye.

Me za ta gani? Ƙaya a tare da bakin garin yamma, irin tasu sak. Ƙasusuwan tumaki a warwatse a gindin wata bishiya, ga sawun kura. Gari shiru kamar an yi ruwa an ɗauke. Sai ta jiyo wani sauti da ta sani. Kalangu ne, ƙasa-ƙasa, kamar bugun zuciya.

Ta bi sautin tana raɓewa jikin katanga. Ta leƙa. Ga mutanen yamma kaf a gindin durumi. Ga madubi a jingine. Ga Dila, shi ɗin dai, ba wani ba. Ashe da hantsi yana yamma, da la'asar yana gabas.

Yana cewa, "Ku ne masu wuta da ƙarfe. In ba don ku ba, da yatsa waɗancan za su yi noma. Amma ku dubi sakayyar da suke shirya muku."

Ya goga ɗan ƙaramin. Sai Goshi ta ga kanta. Ita ce, a tsakar gidanta, ta ɗaure hanci da baki da kallabi, tana daka a turmi, ido na hawaye. Ta tuna ranar sarai. Barkono take dakawa.

Dila ya ce, "Kun san ta, 'yarku ce. Me take dakawa da har sai ta toshe hanci? Wane irin abu ne mai dakansa ma ke tsoron shaƙarsa? Kuma ina za a zuba shi, in ba a koginku ba?"

Goshi ba ta san lokacin da ta fito fili ba. Ta ce, "Ƙarya ne! Barkono ne!"

Aka waiwayo. Wata mata ta ƙwalla ihu, "Ga mai dafin nan ta shigo!" Sai wuri ya yamutse. Masu gudu na yi, masu neman dutse na yi. Sai ta ji an fizgi hannunta. Jatau ne. Ya ja ta lungu-lungu har maƙerarsa, ya tura ƙyaure. Yana sakin ta sai ya goge hannunsa a riga, ya ja da baya.

Ta ce, "Yaya, ni kake ƙyama?"

Ya ce, "Me kika ƙunso a zanenki?"

"Ba komai, Yaya. Ga hannuna. Roƙo na zo yi. In kun zo, ka bar mini 'ya'yana. Kada a saka su a ramin nan."

"Wane rami?"

"Wanda kuke haƙa mana."

Jatau ya yi tsuru yana kallonta. Ya ce, "Rijiya ce, Goshi. Tun kwanaki da Dila ya fara ce mana za ku zuba dafi a kogi muka daina shan ruwansa."

"Lauzunan fa?"

"Na kaka ne, kamar kowace shekara. Kin manta ke ke jera mini su?"

"Samarin da ke gudu da karnuka fa?"

"Gwanki suka tayar." Sai ya zauna a kan kututture, ya dafe kai. Ya ce, "Mu kuma an nuna mana mazanku na saran itace, aka ce kulake suke yi. Aka nuna mana kun tare mashigi, kun ɗauko Kura. Muka ce tunda abin ya kai haka, mu ma a samo mana tamu."

Goshi ta dubi ƙasa. Sai ta ga abin da ke zube gaban uwar maƙera. Ba lauje ba ne. Kawunan kibau ne, sababbi, masu kunne biyu.

Jatau ya ga inda take kallo. Ya ce, "Waɗannan kam na gaske ne. Da ba na yin su. Yanzu ba abin da nake ƙerawa sai su."

Ta kama hannunsa da hannu biyu tana kuka. Wannan karon bai janye ba. Ya ce, "Ki koma ki gaya wa Nomau. Gobe da hantsi zan shigo mashigi ni kaɗai, ba komai a hannuna. Ya zo mu yi magana, baki da baki." Ya fitar da ita ta bayan gari, ya tsaya har ta haye.

Ba su lura ba, Hankaka na kan rufin maƙera, ya leƙo da wuyansa ta inda hayaƙi ke fita.

Goshi ta iso gabas da la'asar, zane a jiƙe. Ta tarar an taru a gindin ceɗiya. Ta kutsa tana cewa, "Jama'a, ku saurare ni!" Amma Dila ya riga ta. Ga ta nan a madubi, cikin maƙera, ta riƙe hannun Jatau, kawunan kibau zube a gabansu.

Dila ya ce, "Tuwonku take ci, ruwanku take sha. Ga inda ta wuni. Ga abin da ake ƙera muku. Kuma Hankaka ya jiyo da kunnensa, gobe da hantsi za su shigo mashigi."

Goshi ta ce, "Rijiya ce suke haƙawa! Wannan Dilan da safe yana can yana nuna musu ku! Ni kaina ya nuna ni ina dakan barkono, ya ce dafi ne!"

Mai gari ya ce, "Ke, amsa mini abu ɗaya. Kin je ko ba ki je ba?"

"Na je, ranka ya daɗe, amma..."

"Kibau ne waɗancan ko ba kibau ba?"

"Kibau ne, amma..."

Sai kalangu ya tashi, taro ya ɗauki waƙa, aka danne muryarta. Aka ja ta aka kulle a wani tsohon ɗakin kara, aka ɗaure ƙofar da igiya. Mai gari ya dubi Nomau, ya ce, "Kai kuma, gobe kai ne a gaba. A nan za mu san ko namu ne kai ko nasu."

Kafin rana ta faɗi Nomau ya zo bakin ɗakin, ya tsaya daga waje. Ta gane tafiyarsa. Ta ce, "Maigida, shekara nawa muna tare? Na taɓa yi maka ƙarya?"

Ya ce, "Ba ki taɓa ba."

"To, Yaya zai zo hannu wofi. Magana yake so ku yi. Don Allah kada ka ɗaga baka."

Ya ce, "Goshi, na gani da idona." Ta ji takunsa yana nisa.

Da safe maza suka fita kwansu da kwarkwatarsu. Mata da yara suka shige ɗaka suka kulle. Kura ta ce, "Ku tafi da kwanciyar rai, awakinku na hannuna." Goshi ta ji gari ya yi shiru. Ta kama karan bangon ɗakin tana ɓallewa, hannu na jini, har ta samu kafar fita. Ta sheƙa da gudu sai mashigi.

Tun daga nesa ta hango su. 'Yan gabas sun jeru bayan ƙaya, Nomau a gaba, ya ɗana kibiya. Ga Jatau ya shigo ruwa har gwiwa, ya ware hannuwa. Amma can a bayansa mazan yamma sun biyo shi, don sun ƙi yarda ya tafi shi kaɗai, su ma da bakunansu. Daga saman wata bishiya kuwa kalangu na tashi, yana ƙara sauri, yana ƙara sauri.

Jatau ya ɗaga murya, "Nomau! Salamu alaikum!" Ƙarar ruwa da kalangu suka cinye sallamar. Sai ya sa hannu a aljihun rigarsa.

Wani ya yi ihu, "Wuƙa zai zaro!"

Goshi ta ce, "Maigida, a'a!"

Kibiya ta riga ta tashi. Jatau ya dafe ƙirji, ya durƙusa cikin ruwa. Hannunsa ya buɗe. Goro ne, fari, guda biyu, ya kawo wa mijin ƙanwarsa.

Goshi ta keta ƙaya ba ta ko ji zafi ba. Ta faɗa ruwa ta rungume shi. Ya dube ta, bakinsa ya motsa, magana ba ta fito ba. Nan ya cika a hannunta. Ta yi wata irin ƙara da ba a taɓa jin irinta a kogin nan ba.

Mazan yamma suka ja bakunansu. Mazan gabas suka ja nasu. Goshi na tsakiya da gawa. Sai 'yan yamma, don su ƙarfafa zukatansu, suka ɗauki waƙa:

Ido ba ya ƙarya,
Madubi ba ya gulma...

'Yan gabas suka daskare. Mai gari ya ce, "Kai! Wa ya koya muku waƙarmu?"

Wani dattijon yamma ya ce, "Waƙarku? Tamu ce. Malam Dila ya koya mana."

"Wane Dila?"

"Mai madubi."

Bakuna suka riƙa sauka ɗaya bayan ɗaya. Aka duba saman bishiya, kalangu ya yi shiru, ba kowa a wurin. Nomau ya yar da baka, ya shiga ruwa, ya zube gaban gawar yana dukan kansa.

Da aka koma gari, garken awaki duk a buɗe, ba ko ɗan akuya, sai jini da sawun kuraye, ba na ɗaya ba, ba na biyu ba. A yamma ma haka, ba tunkiya ko ɗaya. Gindin ceɗiya wayam, madubi ya tafi da mai shi.

Aka binne Jatau. Garuruwan biyu suka haɗu a kan kabarinsa, kowa na jin nauyin haɗa ido da kowa. Aka kwashe ƙaya aka ƙone. Kasuwa ta dawo, amma wasan nan na da bai dawo ba. Goshi ta kwaso 'ya'yan Jatau ta haɗa da nata. Nomau ya riƙa noma musu, bai ƙara dariya ba. Tana ajiye masa tuwo, tana ɗauke kwano, amma magana ba ta haɗa su, har kaka ta wuce.

Rannan Goshi na bakin kogi tana wanki, sai ga wata tsohuwa mai tallan kanwa ta ɓato hanya, ta roƙi ruwa. Goshi ta ɗebo mata. Tsohuwa ta kai baki, ta ce, "'Yar nan, wane gari ne wannan?" Goshi ta faɗa mata. Sai ƙwarya ta suɓuce daga hannun tsohuwa.

Ta ce, "Don Allah ki bar ni in wuce. Ba ni da komai sai kanwa."

Goshi ta ce, "Inna, lafiya?"

"Ba nan ne garin da in baƙo ya miƙo goro ake harbe shi ba? Mun gani a madubi, can garinmu bayan dutse. Mun ga mai bakan, mun ga goron a ruwa. An ce mu ne na gaba. Mazanmu sun tare hanya da ƙaya, yanzu haka kibau suke ta yi."

Goshi ta kama hannunta. Ta ce, "Inna, zauna. Abin da kika gani ya faru. Wanda ya faɗi ɗin nan yayana ne. Amma ba a nuna muku farkonsa ba."

Ta kai tsohuwa gida, ta ba ta abinci, ta kwashe labari kaf ta gaya mata. Da ta gama sai ta ɗaura gyale, ta ce za ta raka ta har garinsu ta faɗa musu da bakinta. Nomau na zaune a bakin rumbu, duk ya ji. Sai ya miƙe ya ɗauki tallan tsohuwa ya ɗora a kai.

Goshi ta dube shi. Ta ce, "In suka gan ka, kashe ka za su yi."

Ya ce, "Ni suka gani. Ni ya kamata su ji."

Sai suka kama hanyar dutse su uku, tsohuwa a tsakiya. Ba su yi nisa ba wata inuwa ta gilma ta kansu. Suka ɗaga kai. Hankaka ne, yana shawagi a hankali, wani abu na ƙyalli a wuyansa. Ya zagaye su sau ɗaya, ya miƙe ya nufi bayan dutse, ya riga su. Goshi ta bi shi da kallo. Ta gyara gyalenta, ta ce, "Mu ɗaga ƙafa."

To, kun ji. Duk abin da madubin nan ya nuna, ya faru. Ƙaryar tana bakin mai riƙe da shi, da abin da ya zaɓa ya nuna, da abin da ya bari a bayan gefe. In wani ya nuna muku maƙwabcinku daga nesa yana kaɗa muku ganga, ku tambayi kanku wa zai ci awakinku in kun fita faɗa. Sannan ku taka da ƙafarku ku je ku ji daga bakin maƙwabcin, tun kibiya ba ta bar baka ba.

Ƙurunƙus, kan hankaka mai farin ƙirji.